Bazarar da Na Nemi Albasar Kura

Mu a gidanmu albasa muka sani. Kakanmu ya biyo jirgin ƙasa daga Kano da 'yan buhunansa, ya sauka Minna, ya kafa gida a Limawa. Baba ya gaji rumfarsa a kasuwa, ni kuma na buɗe ido na tarar da warin albasa har a cikin katifata. Baba in aka sauke masa buhu daga mota ba ya kwance bakinsa. Tafin hannu zai ɗora a kai, ya sunkuya ya shaƙa, ya ce, "Wannan an cire ta da wuri, ba za ta kai damina ba." Kuma haka za a yi. Zama da mutumin da bai taɓa kuskure a sana'arsa ba akwai wuya, don gani yake sauran al'amuran duniya ma a buhu suke, shaƙawa kawai zai yi ya faɗi abin da ke ciki.

A tsakiyar shekarun tamanin ne, wajen ƙarshen sanyi, ƙafafunsa suka fara kumbura. Da farko takalmi ne ya ƙi shiga, ya ɗora wa mai takalmin laifi. Daga nan kumburin ya hau ƙwauri, ya hau cinya, ya cika ciki. In ka danna yatsa a ƙafarsa sai ya bar rami, ka je ka dawo ramin yana nan. Kwanciya ta gagare shi, da ya miƙe bayansa numfashi zai tsaya masa a wuya, sai dai a jingina shi da bango a tara masa matasai. Na kai shi asibiti, likita ya ce zuciya ce ta gaji, ya ba da ƙwayoyi. Suka yi aiki na ɗan lokaci har muka fara murna, daga baya jiki ya daina jin su. Ranar da muka koma, likitan ya ja ni baranda ya ce in mai da shi gida, a ci gaba da ba shi maganin, a haɗa da addu'a. Ni ne babba a ɗakinmu, ban kai talatin ba, kuma na gane abin da yake nufi sarai. Na ƙi yarda ne kawai.

Akwai wata tsohuwa 'yar Gbagyi, waɗanda muke ce wa Gwari, da ke kawo wa Inna itace daga Kpakungu. Tun ina yaro take zuwa, kayanta a kafaɗa, ba a ka ba, kamar yadda matansu ke yi. Mama muke kiranta. Wata safiya ta sauke itacenta, ta leƙa ɗaki gaida Baba, ta daɗe tana kallonsa. Sai ta durƙusa ta danna ƙafarsa ba tare da neman izini ba.

"Wannan ruwa ne," in ji ta. "Babana shi ma haka ya yi. Albasan kura muka ba shi, ya yi fisari ya yi fisari, ya tashi ya koma gona."

Na ce, "Mama, a ina ake sayar da ita?"

"Ba a saya. A daji yake. Kai ka kawo, ni zan hada. Kada kowa ya dafa shi sai ni, in ya yi yawa yana kashe mutum."

A yau na san guba ce ta gaske, na kuma ji masu ilimin abin suna hana a sha ta. Ban san ko da ta tashi Baba ba, ko da ita za ta ƙarasa shi. Amma a ranar ban tsaya tunanin wannan ba. Mutum ɗaya ne a duk Minna ya ce mahaifina zai iya tashi, sai na riƙe maganarsa da hannu biyu.

Wahalar ita ce albasar kura ba ta nuna kanta da rani. Da damina tana fitar da ganye dogaye masu faɗi, a kwance a ƙasa. Kaka na yi ganyen ya bushe, wutar daji ta bi ta kai, shi ke nan babu alama. Kan yana can a ƙasa yana barci. Saboda haka matan su Mama suke da wata al'ada da suka gada: da damina, in mace ta ga ganyen, sai ta kewaye shi da ƙananan duwatsu, yadda in buƙata ta taso da rani za ta je kai tsaye ta haƙa. Kowace ta san nata, wata ba ta taɓa na wata. Mama ta ce tana da nata a bayan wani tudu, can gefen gari, ta ce mu je.

Muka je da hantsi, tana gaba ina bin ta da fartanya. Da muka zagaya tudun sai ta tsaya cak. Tun da aka mai da Minna babban birnin jiha gine-gine ba su huta ba, kullum ana cin daji. Katafila ta riga mu zuwa, ta share wurin tas, an ja layin harsashin gidaje, ga tulin bulo, ga leburori suna kwaɓa siminti. Mama ta riƙa zagayawa tana duba ƙasa tana ture tsakuwa da yatsan ƙafa, leburorin suna mata dariya suna tambaya ko kuɗi ta yar. Na ji kamar in rotsa wa ɗaya fartanya a ka. Can ta ɗago ta ce, "Sun kwashe duka."

"To yanzu fa, Mama?"

"Sai ruwa. Ruwa ya sauka, zai fito da kanshi. Sanda zai fara yi, dogo, ba ganye. Ka ga sandan, ka tona gindinshi."

"In ruwan ya makara fa?"

Ta gyara zanenta muka juyo.

Da na gaya wa Baba sai ya yi dariya, dariyar ta koma tari, sai da na riƙe shi. Da numfashinsa ya dawo ya ce, "Albasa a gindin dutse? Kai ma ɗan gidan nan ka tsaya kana sauraron wannan? Albasa 'yar ruwa ce. Ta gida ce ko ta daji ce, da rani a fadama za ka same ta. Ka bi rafi."

Ba don biyayya kaɗai na bi maganarsa ba, na yarda da shi ne har zuciyata. Duk albasar da na taɓa ɗauka a kafaɗata daga lambu ta fito, da rani aka shuka ta, da ban-ruwa ta girma. Mene ne haɗin albasa da tsakuwa? Na bar wa ƙanen Baba, Baffa, rumfa, na shiga bin lambunan bakin kogin Chanchaga. Na bi gaɓa sama, na bi ta ƙasa, ina tambayar masu lambu, ina kutsa kai cikin duhuwa, ina tona duk inda ƙasa ke da laima. Har sunkuyawa nake ina shinshina ƙasa yadda na ga Baba na yi wa buhu. In na dawo da yamma ya kalli hannuna tun daga ƙofa, in ya ga babu komai ya kau da kai. Wannan kau da kan ya fi mini zagi ciwo.

Rannan a wani kwari inda ruwa bai gama ƙafewa ba, na ga ganye kore shar, mai kauri, a tsaye cikin taɓo. Na sa hannu na tona, sai ga kai fari, ya fi kowace albasa da na taɓa gani girma. Na zauna a cikin taɓon nan na yi kuka. Da gudu na fito titi, ban ma san yadda na iso Limawa ba. Baba ya karɓa ya juya ta a hannunsa da ya kumbura, fuskarsa ta washe, ya ce, "Me na gaya maka?" Aka aika a kira Mama.

Kallo ɗaya ta yi mata daga bakin ƙofa. "Wannan na kwado ne. Ba shi ba ne."

Albasar kwaɗi ke nan, wadda ke fitowa a fadama, mai manyan furanni farare da jan layi. Ganye daban, wurin zama daban, aiki daban. Baba ya hasala. Ya ce shi za a koya wa albasa, shi da aka yanke wa cibiya a kan buhu? Ya ce wa Inna ta yanka ta dafa masa yanzun nan. Inna mace ce da ban taɓa jin ta musa wa Baba ba, ko a kan gishirin miya. Ta karɓi abin daga hannunsa, ta fita tsakar gida, ta wuce madafi, ta je ta jefa shi a masai. Ta dawo ta tsaya a ƙofa ta ce, "Malam, ka yi haƙuri. In za ka tafi, ba da hannuna ba." Baba bai yi mata magana ba har washegari, ni kuma na rasa wa zan ji haushi a cikinsu.

Na tafi Kagara ranar kasuwa, don an ce masu maganin can sun fi namu sanin daji. Na bi su ɗaya bayan ɗaya a kan tabarmansu. Wannan ya ce tasa ta ƙare, wancan ya miƙo mini wasu busassun ɓawo da ko shi bai iya rantsuwa a kansu ba. Duk wanda ya san ta da gaske abu ɗaya yake faɗa, in nemi gindin dutse, in jira ruwa. Na dawo a bayan mota a kan buhunan dawa, ina ta zagin kaina a kan kwanakin da na ɓata a cikin taɓo. A cikin kwanakin nan kumburin ya kai Baba har hannu, fatar ƙwaurinsa ta fara tsattsafo da ruwa, Inna na shimfiɗa tsumma tana canzawa.

Na je Kpakungu na durƙusa wa Mama, na ce ta tuna ko'ina ne, ko da nisa. Ta ce akwai wani dutse ta hanyar Paiko inda ta taɓa ganinta da ƙuruciya, in sun je itace. Ba wurinta ba ne, ba ta sa alama ba. Ta raka ni sau ɗaya. Wani shimfiɗaɗɗen fa ne baƙi, wato falalen dutse, a ƙasansa gangare mai faɗi, jar tsakuwa ce zalla, ƙasar ba ta fi zurfin taƙi ba kafin ka ci karo da dutse. Ga 'yan gidajen gara, ga kututturan ciyawa da wuta ta cinye. Ko akuya ba za ta tsaya a nan ba. Mama ta ware hannu ta nuna gangaren duka ta ce, "Yana nan, wani wuri." Ta ce irin wurin da take so ke nan, inda ruwa ke gangarowa daga kan fa ya jiƙa ƙasa ya wuce bai kwanta ba, don in ruwa ya zauna mata ruɓewa take.

Na fara haƙa a makance. Kullum in fito bayan asuba, in samu motar Paiko, in sauka a hanya, in taka zuwa dutsen. In sari nan, in sari can, babu tsari babu dabara. Zafin bazarar Minna ba sai an gaya wa kowa ba, amma a gindin fa abin ya wuce misali, dutsen na maido maka da rana ta ƙasa. Tafin hannuna ya yi kanta, ya fashe, ya sake yi. Na tono kunamu, na tono saiwoyi, na karya ƙotar fartanya na sake wata. Wani lokaci in jefar da ita in tsaya ina yi wa ƙasa magana kamar mahaukaci, ina cewa ki fito mana, me na yi miki? In na tuna yanzu abin kunya ne, amma babu kowa a wurin sai ƙadangaru.

A shekarar nan ruwa ya makara. Ga mai sayar da albasa wannan labari ne mai daɗi, don babu abin da muke tsoro kamar ruwan farko. Laima na taɓa buhu albasa ta fara tsiro, ta ruɓe, jarin shekara ya koma juji. Tun tasowata, in hadari ya taso da wuri sai Baba ya ɗaga kai ya ce, "Allah ka riƙe shi tukuna." A masallacin kasuwa 'yan layinmu na masu albasa suna roƙon ruwa ya jinkirta har su sayar da kayansu, ni ina sahu ɗaya da su, kafaɗa da kafaɗa, ina roƙon ya sauko yau, ko da duk albasar Minna za ta narke. Har na fara jin haushin fuskokinsu, mutanen da suka goya ni ina ƙarami. Da la'asar hadari zai haɗu ta gabas, baƙi ƙirin, iska ta taso ta kwashe ledoji, in fito tsakar gida ina kallon sama, sai ya watse. Haka ya yi ta yi mini.

Ranar da ya sauko ina zaune a bayan Baba, na tallafe shi da ƙirjina don ya samu numfashi. Ya kwana biyu ba ya magana sosai. Da ɗigon farko ya bugi kwano sai na ji jikinsa ya motsa, ya damƙi gwiwata ya ce, "Albasa. An rufe?" Na ce Baffa na can. Ya ce, "Baffanka bai iya ɗaurin tamfol ba. Tashi." Na sa masa matasai na fita da gudu cikin ruwa. Muka rufe kayan ni da Baffa, 'yan layi na ta salati suna kokawa da buhuna, ni kaɗai nake dariya, har wani dattijo ya tambayi Baffa ko lafiya nake.

Washegari na isa dutsen da sassafe. Ƙasa ta yi duhu, ta yi ƙamshi, amma babu komai. Na koma gobe, babu komai. Mama ta ce in yi haƙuri, ba wake ba ne. Baba kuwa ya daina cin abinci, leɓɓansa sun yi duhu, in zai ja numfashi sai ka ji ƙara a ƙirjinsa tun daga zaure. Kowace safiya sai na tsaya a ƙofar ɗakinsa da fartanya ina shawara da kaina, in tafi ko in zauna. In na zauna ba abin da zan iya yi masa sai kallo, shi ya sa kullum nake tafiya.

Wata safiya na tarar ya ɗan samu sauƙi. Ya sha kunu cokali kaɗan, idonsa ya buɗe, ya kalle ni daga sama har ƙasa ya ce, "Mai noman dutse, za a fita?" Na ce za a fita, Baba. Ya ce, "A dawo lafiya." Na fita zuciyata wasai.

Tun daga nesa na hango su. Sanduna ne sirara, koraye masu ratsin toka, sun huda tsakuwa sun miƙe, babu ganye ko ɗaya a gindinsu. Wasu sun kai gwiwa, wasu sun wuce ƙugu, kawunansu cike da 'yan ƙullin furanni, na ƙasa sun fara buɗewa, farare ƙanana da koren layi a tsakiya. Ba ɗaya ba, ba goma ba, gangaren duka. Wata ta fito a bakin ramin da na haƙa da hannuna, tsakaninsu bai fi faɗin tafi ba. Duk kwanakin nan a kansu nake tafiya. Na durƙusa ina ta hamdala da ƙarfi.

Na zaɓi mafi kauri. Mama ta gargaɗe ni kada in sare kan, in fito da shi ɗungurungum, don haka na ajiye fartanya na koma tono da tsinken ƙarfe da yatsu. Ya maƙale tsakanin duwatsu, saiwoyinsa masu kauri sun shige tsaga, na daɗe ina lallaɓa shi. Da ya fito ya kai ƙaramar ƙwarya, fari, da busasshen ɓawo a bayansa, da nauyi. Inda ya ɗan kurje wani ruwa mai yauƙi ya taɓa mini hannu, nan take ƙaiƙayi ya kama ni har gwiwar hannu kamar an zuba mini ƙaiƙayin gero. Ban damu ba. Na ƙara haƙo ta biyu don kada ɗaya ta kasa, wannan ma ta ci lokaci. Na naɗe su a rigata na fito titi, motoci suka yi ta wucewa a cike, sai da na taka rabin hanya kafin wata ta tsaya. Na biya Kpakungu in ɗauko Mama, aka ce ta fita tun azahar. La'asar ta wuce lokacin da na shigo layin gidanmu.

Tabarmi na fara gani a ƙofar gida, da takalma, da butoci. Mutane na zaune jingine da bango, ƙafafun wandunansu da jar ƙasa. Suka ga na taho babu riga a jikina, rungume da ƙunshi, sai hirar ta mutu. Baffa ya taso ya tare ni, ya kama kafaɗata.

"Sai haƙuri, ɗana. Kafin azahar ne."

Na ce, "Yana ina?"

"Mun dawo ke nan. Mun jira ka, wallahi mun jira. Ka san zafin nan, ka kuma san yadda jikin yake. Liman ya ce jinkirin zai cutar da shi."

"Ba wanda zai zo ya kira ni?"

Ya ce an tura tun kafin rai ya fita. 'Yan layinmu na kasuwa ne suka hau babura suka bazama nemana. Inna ta gaya musu daga bayan labule cewa ina gindin dutse ta hanyar Paiko, suka kalli juna, suka ɗauka ruɗewa ce irin ta mace da mijinta ke gargara. Su ma albasa suka sani. Suka nufi bakin kogi, suka bi lambuna ɗaya bayan ɗaya suna ƙwala mini kira har rana ta karkata. Suna nan zaune a kan tabarmar, ba wanda ya iya haɗa ido da ni. Na buɗe baki in zage su, na tuna ni ma can na fara zuwa, na rufe.

Na shiga cikin gida. Mata suka dare mini hanya. Mama na zaune a gefen rijiya, ta kalli ƙunshin, ta gyaɗa kai, ta sunkuyar da fuska. Inna na ɗakin Baba, an kwashe matasan, an naɗe shimfiɗar. Na durƙusa a gabanta na ajiye abin a ƙasa, hannuwana sun yi ja sun kumbura, ina susa ban ma sani ba. Ba ta kalli abin da na kawo ba.

Ta ce, "Bayan fitarka da kaɗan ya tambaye ka. Na ce ka tafi neman maganin. Ya ce a je a kira ka, ya fasa maganin, ba ya so, ka dawo kawai, akwai maganar da zai gaya maka."

Na ce, "Wace magana, Inna?"

"Na tambaye shi. Baffanka ma ya tambaye shi, ya ce ya faɗa masa zai isar maka." Ta share fuska da gefen mayafinta. "Ya ƙi. Ya ce sai ka zo."